Idan shaida ya yi baki biyu: yadda kotun ɗaukaka ƙara ke auna shari'ar kisa

Ranar 30 ga Janairu, 2012, Mai Shari'a Mojisola Dada ta babbar kotun jihar Legas ta yanke wa Manjo Hamza Al-Mustapha, tsohon babban dogarin Janar Sani Abacha, da wani mai suna Lateef Shofolahan hukuncin kisa ta hanyar rataya. Ta same su da hannu a kisan Kudirat Abiola, haifaffiyar Zariya, matar Cif Moshood Abiola, wadda aka harbe cikin motarta a yankin Oregun na Ikeja ranar 4 ga Yuni, 1996. Bayan shekara ɗaya da rabi, ranar 12 ga Yuli, 2013, alƙalai uku na kotun ɗaukaka ƙara ƙarƙashin jagorancin Mai Shari'a Amina Augie suka rushe hukuncin, suka sallami mutanen biyu. Babu sabon shaidan da ya bayyana a tsakani, babu sabon makamin da aka tono. Takardun da kotu ta farko ta ga sun isa a rataye mutum, su ne dai kotu ta biyu ta karanta ta ce ba su isa a ƙara tsare shi ko da kwana guda ba.

A Kano dubban jama'a suka fito tarbar Al-Mustapha, suna cewa gaskiya ta yi halinta. Iyalan Abiola da magoya bayansu kuwa suka ce an yi wa adalci yankan ƙauna. Kowane ɓangare ya karanta hukuncin da tabarau na siyasarsa, kuma a ganina dukansu sun ɗora wa kotun maganar da ba ta yi ba. Kotun ba ta zauna don gano wanda ya kashe Kudirat ba. Tambayar da ke gabanta ɗaya ce: hujjar da gwamnatin Legas ta shigar cikin kundin shari'a ta kai matsayin da doka ta gindaya, ko ba ta kai ba?

Matsayin nan yana rubuce. Sashe na 36(5) na kundin tsarin mulkin 1999 ya ce duk wanda ake tuhuma ana ɗaukarsa mara laifi har sai an tabbatar da laifinsa. Sashe na 135 na Dokar Shaida ta 2011 kuma ya faɗi irin tabbacin da ake bukata: wanda bai bar kokwanto mai dalili ba. Nauyin kawo shi yana wuyan mai gabatar da ƙara daga farko har ƙarshe. Wanda ake tuhuma yana da ikon ya kame bakinsa, kuma in hujjar gwamnati ba ta tsaya da ƙafarta ba, sallamarsa za a yi. Ƙa'idar mun gaje ta ne daga kotunan Ingila, inda ta zauna daram a 1935 a shari'ar wani ɗan ƙwadagon gona, Reginald Woolmington, wanda ya harbe matarsa ya ce tsautsayi ne. Alƙalin farko ya ce tunda ya amsa cewa bindigar a hannunsa ta tashi, to shi ne zai gamsar da kotu cewa ba da gangan ba ne. Majalisar Dattawan Birtaniya, wadda a lokacin ita ce kotun ƙarshe a ƙasar, ta ce alƙalin ya juya doka a baibai, ta soke hukuncin kisan.

A ƙarƙashin sashe na 221 na dokar laifuka ta Final Kod da jihohin Arewa suka gada, abu uku ake tabbatarwa: cewa rai ya salwanta, cewa aikin wanda ake tuhuma ne sanadi, da cewa ya aikata da niyyar kisa ko yana sane cewa mutuwa ce za ta iya biyo baya. Na farko ba kasafai ake jayayya a kansa ba. Na biyun ne filin daga, kuma a ƙasar nan kusan kullum da bakin mutane ake tabbatar da shi.

Kada a ɗauka kowace 'yar shakka ce ke kuɓutar da mutum. Alƙalan Najeriya har gobe suna kafa hujja da bayanin da alƙali Denning na Ingila ya yi a 1947, cewa doka ba ta neman yaƙinin da babu ko inuwar shakka a cikinsa, don da haka ne da ba za ta iya kare jama'a ba. In hujja ta yi ƙarfi har abin da ya rage wa wanda ake tuhuma shi ne wata 'yar kafa da mai hankali zai ce tana yiwuwa amma da kamar wuya, to laifi ya tabbata. Kokwanton da ke aiki shi ne wanda za ka iya ɗora yatsa a kansa cikin takarda ka ce ga inda ya fito.

Takardar nan ita ce komai, domin kotun ɗaukaka ƙara ba ta sake kiran shaidu. Kundin shari'a take karantawa: abin da alƙalin farko ya rubuta, da kayan shaidar da aka karɓa, da muhawarar lauyoyi. A kotuna da yawa har yanzu da hannu alƙali ke rubuta tambaya da amsa, saboda haka abin da bai shiga littafinsa ba tamkar bai faru ba ne. Shi ya ga shaidan ido da ido, ya ga inda muryarsa ta sarƙe da inda ya sunkuyar da kai, kuma saboda wannan fifiko alƙalan sama ba sa saurin taɓa abin da ya yanke game da gaskiyar shaida. Sukan shiga ne kawai in ya gina hukunci a kan abin da babu shi cikin kundin, ko ya rufe ido ga abin da ke ciki ɓaro-ɓaro. In kuwa babbar kotu da kotun ɗaukaka ƙara suka haɗu a kan matsaya guda, to girgiza ta a kotun ƙoli sai da babban dalili. Yawancin masu ɗaukaka ƙara a nan suke faɗuwa. Masu nasara su ne 'yan kaɗan, sai dai labarinsu ya fi tafiya.

To me aka gani a kundin shari'ar Kudirat? Shaidu huɗu gwamnati ta kira, kuma biyu daga ciki su ne ginshiƙin ƙarar: Barnabas Jabila, wanda aka fi sani da Saja Rogers, da Muhammad Abdul, wato Katako. Da lauyan gwamnati ke yi musu tambayoyi, Rogers ya ce shi ya yi harbin bisa umarnin Al-Mustapha, Katako ya ce shi ya tuƙa motar. Da lauyoyin waɗanda ake tuhuma suka tashi suka titsiye su, sai suka janye. Suka ce hukuma ce ta yi musu alƙawura ta kuma koya musu abin da za su faɗa. Katako ya ce ranar da abin ya faru ma yana Azare a jihar Bauchi. Alƙaliyar farko ta riƙi maganarsu ta farko ta yi watsi da ta biyu. Kotun ɗaukaka ƙara ta ce ba ta da wannan zaɓin, ga shi kuma ko harsashin da aka ciro daga jikin mamaciyar ba a gabatar wa kotu ba.

Mutum na iya jin haushin sakamakon, amma da wuya ya nuna inda alƙalan suka kauce. Wanda ya yi rantsuwa ya faɗi magana biyu masu karo da juna, ɗaya daga ciki ƙarya ce ko ta halin ƙaƙa. Alƙali ba shi da ilimin gaibu da zai san wacce, sai in akwai wani abu daga waje, wanda bai dogara da bakin shaidan ba, da zai rinjayar da ma'auni: rahoton masanin makamai, littafin fitar da bindigogi, takardar tafiya, wani shaida mai zaman kansa. Kotun ƙoli ta daɗe da cewa in shaidun gwamnati suka saɓa a kan muhimmin abu kuma ba a yi bayanin saɓanin ba, alƙali ba zai tsinci wanda ya yi masa daɗi ya zubar da sauran ba. Ƙari a kan haka, mutanen nan biyu da bakinsu suka ce suna cikin masu aikata laifin, kuma sashe na 198 na Dokar Shaida ya bukaci alƙali ya gargaɗi kansa kafin ya dogara da maganar abokin aikata laifi ita kaɗai, domin irinsa yana da wuyan da yake son ya tsirar. Ko da a ce labarin farkon ne na gaskiya, wanda ya kai ƙarar kisa kotu a kan harshen mutum biyu masu neman mafita, bayan shekaru da dama na bincike, shi ya kamata a fara tuhuma da sakaci.

Janye shaida ba kullum take ceto ba, kuma a nan lokaci da wuri suna da tasiri ƙwarai. A jihar Jojiya ta Amurka an yanke wa Troy Davis hukuncin kisa bisa harbe wani ɗan sanda a birnin Savannah a 1989. Daga baya bakwai cikin manyan shaidu tara suka janye ko suka sauya maganarsu. Duk da haka an kashe shi ranar 21 ga Satumba, 2011. Bambancin shi ne su bayan an gama shari'a suka janye, yawancinsu a takardun rantsuwa, kuma kotuna a ko'ina suna kallon irin wannan da zargi: wa ya san ko tausayi ne, ko matsin lamba, ko kuɗi? Nauyi ma ya riga ya koma kan wanda aka yanke wa hukunci, shi zai nuna ba shi da laifi. Rogers da Katako kuwa a cikin akwatin shaida suka warware, gaban alƙali, tun nauyi yana wuyan gwamnati.

Duk wannan magana ce ta shaidan da ake zargi da ƙarya. Wanda ya fi shi haɗari shi ne mai gaskiyar da ya yi kuskure, domin shi ba ya rawar murya, ba ya kauda kai, kuma duk tambayar da aka yi masa ƙara masa ƙarfin gwiwa take yi. Mun saba cewa gani ya kori ji, alƙalai ma 'yan Adam ne, haka suke ji a ransu. Amma abin da aka gano cikin shekaru hamsin da suka wuce ya rage wa ido daraja. A 1984 aka kashe wata yarinya 'yar shekara tara a jihar Maryland ta Amurka. Shaidu biyar suka nuna Kirk Bloodsworth, aka yanke masa hukuncin kisa a 1985. Ya ɗaukaka ƙara, aka sake shari'a, aka sake samunsa da laifi. Sai a 1993 gwajin ƙwayoyin halitta na DNA ya wanke shi, bayan ya kusa shekara tara a kurkuku, kuma a 2003 gwajin ya nuna ainihin wanda ya yi kisan. Ƙungiyar Innocence Project, mai fafutukar wanke waɗanda aka ɗaure bisa kuskure, ta bi diddigin mutum 375 da irin wannan gwaji ya wanke a Amurka, ta tarar kusan kashi 70 cikin ɗari kuskuren shaidar ido yana cikin abin da ya kai su kurkuku.

Dalilin yana cikin yadda ƙwaƙwalwa ke ajiye abu. A 1974 wasu masana halayyar ɗan Adam, Elizabeth Loftus da John Palmer, suka nuna wa ɗalibai hoton bidiyon haɗarin mota, sannan suka tambaye su gudun motocin. Waɗanda aka yi wa tambayar da lafazi mai zafi sun ƙiyasta gudu mafi yawa, kuma bayan mako guda da yawansu suka ce sun ga fasasshen gilashi, alhali babu shi a hoton. Abin da mutum ya tuna kamar riga ce da ake ta yi wa faci: maganar maƙwabci, tambayar ɗan sanda, hoton da ya gani a waya, kowanne ya ɗora nasa ƙyalle, har mai rigar ya kasa tuna launin yadin asali. Tsoro ma yana da nasa aikin. Wanda aka ɗora wa bindiga, bakin bindigar yake kallo fiye da fuskar mai riƙe da ita.

Saboda irin wannan ne kotun ɗaukaka ƙara ta Ingila ta shimfiɗa wasu tambayoyi a shari'ar Turnbull a 1976, kotunanmu kuma suka ɗauke su. Tsawon wane lokaci shaidan ya ga mutumin, daga wace tazara, da wane haske? Akwai abin da ya kare masa gani? Ya san shi a da ko ranar ya fara ganinsa? Kwana nawa tsakanin faruwar abin da ranar da ya nuna shi? Sannan wadda ta fi duka nauyi: kamannin da ya faɗa wa 'yan sanda da farko sun dace da mutumin da ke tsaye a kotu?

A ɗauka an shiga gidan wani dattijo a ƙauye cikin dare, an kashe ɗansa, kuma shi kaɗai ne shaida. Lauyan wanda ake tuhuma ya miƙe.

"Baba, ka ce wajen ƙarfe biyun dare ne?"

"Haka ne, ranka ya daɗe."

"Akwai farin wata?"

"Babu. Damina ce, hadari ya rufe."

"To da wane haske ka gan shi?"

"Da tocila."

"Tocilar a hannun wa take?"

"A hannunsu."

"Wa suke haskawa?"

"Ni."

Duk wanda aka taɓa dalle wa tocila a ido cikin duhu ya san abin da ake gani a bayanta. Sai lauyan ya ƙara: "Da gari ya waye ka je wajen mai gari, ka ambaci sunansa?" Dattijon ya ce bai ambata ba, hankalinsa ba ya jikinsa. Ga 'yan sanda ma bai faɗa ba, sai bayan mako uku, bayan an gama zaman makoki inda kowa ke ta tuno rikicin gonar da ke tsakanin mamacin da wane. Dattijon nan ba maƙaryaci ba ne, kuma zai iya dafa Alƙur'ani da zuciya ɗaya. Amma kotun ƙoli ta sha nanata cewa wanda ya ce ya san maharin tun da can, ya kamata ya ambaci sunansa a damar farko da ya samu, in bai yi ba kuma babu gamsasshen bayani, maganarsa ta raunana.

Wani zai ce, kuma da gaskiyarsa, a ƙauyen da 'yan bindiga ke da 'yan leƙen asiri, ambaton suna washegari tamkar haƙa wa kai kabari ne. Tsoro dalili ne da kotu za ta iya karɓa. Sai dai dole ya fito daga bakin shaidan ya shiga kundin, wato lauyan gwamnati ya sake miƙewa ya tambaye shi abin da ya hana shi magana. In bai yi ba, alƙalan da za su karanta takardar bayan shekara shida a Kaduna ko Abuja ba za su ƙirƙiro masa uzuri ba.

Bayanin farko da shaida ya bayar a caji ofis shi ne ma'aunin da ake gwada duk abin da zai faɗa daga baya, shi ya sa ɓoye shi yake daidai da kisa. Mahmood Mattan, wani ma'aikacin jirgin ruwa ɗan asalin Somaliya, an rataye shi a kurkukun Cardiff da ke Birtaniya ranar 3 ga Satumba, 1952, bisa zargin yanka wata mai kanti, Lily Volpert, a watan Maris na shekarar. Babban shaida, Harold Cover, ya ce ya gan shi yana fitowa daga wajen kantin. Abin da ba a nuna wa lauyoyin Mattan ba shi ne cewa mutumin da Cover ya siffanta wa 'yan sanda da farko wani Basomale ne dabam, kuma akwai shaidun da aka jera musu mutane ba su nuna Mattan ba. Ɗaukaka ƙararsa a wancan lokaci ba ta yi nasara ba, tunda alƙalan abin da aka ba su kawai suka karanta. A 1969 aka ɗaure Cover ɗin kansa bisa yunƙurin kashe 'yarsa da reza. Sai a watan Fabrairun 1998 kotu ta soke hukuncin, fiye da shekara 45 bayan an rataye Mattan.

A nan gida matsalar ta fi yawa a kwanakin farko na bincike. Doka ta tanadi cewa in shaida bai san wanda ake zargi ba, a jera shi cikin mutane masu kama da shi a shekaru da tsayi da sutura, a bar shaidan ya zaɓa ba tare da an yi masa ishara ba. Abin da ya fi faruwa shi ne a kira mai ƙorafi ofis, ya tarar da mutum guda a bayan kanta da ankwa a hannu, a ce masa "shi ne ko?" Wani lokaci ma an riga an yi holinsa gaban 'yan jarida, hotonsa ya zaga wayoyi. Daga ranar, fuskar da ke cikin kan shaidan ta mai ankwa ce. Nuna shi a kotu bayan shekara biyu, yana tsaye shi kaɗai a akwatin waɗanda ake tuhuma, ba ya ƙara komai.

Haka batun iƙirari. Mutum zai iya shan hukunci a kan amsa laifinsa kaɗai, ko da ya musanta daga baya, amma kotuna sun ce a gwada iƙirarin da abin da ke wajensa: akwai wata hujja da ke nuna gaskiya ne, ya samu damar aikata laifin, maganar ta dace da sauran abubuwan da aka tabbatar? Sashe na 29 na Dokar Shaida ya haramta karɓar wanda aka samu ta hanyar gallazawa, dokar gudanar da shari'ar laifuka ta 2015 kuma ta kawo tanadin ɗaukar bayani a bidiyo da halartar lauya. Ga kuma abin da ya fi shafar mutanenmu: wanda ake zargi ya yi magana da Hausa ko Fulatanci, an rubuta da Turanci, ya dangwala yatsa a kan abin da ba zai iya karantawa ba. In an yi amfani da tafinta kuma ba a kira shi ya ba da shaida ba, takardar ta zama ji-ta-ji-ta a idon doka. Hukunce-hukunce da dama sun rushe a kan wannan kaɗai. Wanda ya ce ranar yana wani gari, ya faɗi wurin da mutanen da yake tare da su tun a caji ofis, wajibi ne 'yan sanda su je su bincika. Sau da yawa ba a zuwa, ko don babu kuɗin mota. Gawa kuma mun saba binne ta kafin rana ta faɗi, kuma duk da kotu na iya yanke hukunci ba tare da rahoton likita ba in mutuwar nan take ce, rashin sa yakan buɗe ƙofa in mamacin ya yi kwanaki yana jinya.

Kada wannan ya sa a zaci sai an ga kisa da ido ake hukunci, ko kuma yawan shaidu ne ke aiki. Sashe na 200 na Dokar Shaida bai ƙayyade adadi ba. Shaida ɗaya tak mai inganci ya wadatar. Ƙananan saɓani, kamar wani ya ce riga shuɗiya wani ya ce baƙa, ba sa rusa ƙara, hasali ma shaidu biyar da suka zo da kalmomi iri ɗaya sak su ne abin zargi. A shari'ar Maryam Sanda babu wanda ya ga lokacin da aka soki mijinta Bilyaminu Bello a Abuja cikin Nuwamban 2017. Mai Shari'a Yusuf Halilu ya dogara ne da hujjojin da suka kewaye lamarin, ciki har da ƙa'idar cewa wanda aka gani na ƙarshe tare da mamaci shi zai yi bayani, ya yanke hukuncin kisa ranar 27 ga Janairu, 2020, kotun ɗaukaka ƙara kuma ta tabbatar a ƙarshen shekarar. Irin wannan hujja tana da nata sharaɗin mai tsauri: dole ta nufi mutum guda, ba ta bar wata fassara mai ma'ana ba.

Fiƙihun Malikiyya da alƙalanmu suka yi aiki da shi tun kafin zuwan Turawa ya fuskanci matsalar ta wata ƙofa. Shi mutumin yake fara aunawa kafin maganarsa. Ƙisasi yana tabbata da iƙirari ko da shaidu biyu maza adilai, waɗanda aka yi wa tazkiyya, wato aka bincika aka tabbatar da kirkinsu. Ba a karɓar shaidar maƙiyi a kan maƙiyinsa, ko ta uba domin amfanin ɗansa, ko ta wanda zai ci riba da hukuncin. Kafin yanke hukunci kuma akwai izari, inda alƙali zai tambayi wanda ake ƙara ko yana da suka a kan shaidun ko wata hujja da ta rage masa. In hujja ba ta cika ba amma akwai alama mai ƙarfi, kamar shaida adili guda ko mamaci ya ce jininsa yana wuyan wane kafin ya cika, sai a koma ga ƙasama, rantsuwa hamsin daga dangin mamaci maza, kuma ba a kashe fiye da mutum ɗaya da ita. A wannan tsari shaida irin Rogers, wanda ya ce shi ne mai kisan, ba zai ma tsallake matakin adalci ba. Amma tazkiyya maganin maƙaryaci ce. Adili ma idonsa na iya yaudararsa, kuma magabata sun san haka. An ruwaito cewa wasu mutum biyu sun yi shaidar sata a gaban Sayyidina Aliyu, aka yanke wa mutumin hannu, sai ga su sun dawo da wani suna cewa kuskure muka yi, wannan ne ɓarawon. Ya ƙi karɓar shaidarsu a kan na biyun, ya ɗora musu diyyar hannun na farkon, ya kuma ce da ya san da gangan suka yi da ya yanke nasu.

Duk wannan kariya tana amfanar wanda ƙararsa ta isa sama ne kawai. Tsarin mulki ya ba duk wanda aka yanke wa hukuncin kisa damar ɗaukaka ƙara har kotun ƙoli ba tare da neman izini ba, kuma ba a zartar da hukuncin muddin ƙarar tana gaban kotu. Wannan ma sai da aka yi asarar rai ya zauna: gwamnatin jihar Oyo ta kashe Nasiru Bello a 1981 alhali ƙararsa tana jiran sauraro, kotun ƙoli ta ce a 1986 an keta doka, ta ba iyalansa diyya. Amma dama a takarda dabam, lauya da kuɗin haɗa kundin shari'a dabam. Al-Mustapha yana da manyan lauyoyin da suka yi wa shaidu tambayoyin da suka dace a lokacin da ya dace, kuma duk da haka ya haura shekara goma sha huɗu a tsare. Fiye da mutum 3,000 ne ke jiran hukuncin kisa a gidajen yarin Najeriya, yawancinsu talakawa, da dama lauyan da ya tsaya musu a kotun farko kyauta aka ba su, wani ran ma a ranar ya fara ganin fayil ɗin. Gwamnoni sun daina son sa hannu a takardar kisa, saboda haka kuskure ba kasafai yake kai wa ga igiya ba, a ɗakin kurkuku yake tsufa. In an yi sa'a wata ƙungiya ta ɗauki ƙarar bayan shekara goma sha biyar, sau da yawa sai a tarar shaidan ya rasu, ɗan sandan da ya yi bincike ya yi ritaya, bayanin farko kuma ya ɓata a ɗakin ajiyar kotu.